Gwiwar Hannun Wilf Garside

Asabar, 4 ga Yuli, 1959, ƙarfe bakwai na yamma

Matata Enid ce ta saya mini littafin nan tun Kirsimeti, wai in riƙa rubuta yawan mutanen da na fitar a kowane wasan kurket saboda jikoki. Wata shida yana ƙasan akwati tare da safa. Yau na ciro shi don ba ni da wanda zan gaya wa.

A garin bakin teku muke wasa. Na fitar da mutum uku kafin shayin la'asar, hannu lafiya, ƙafa lafiya. Ina komawa inda nake fara gudu sai wani ƙato mai jar fuska cikin 'yan kallo ya kafa hannu a baki ya ce, “Garside! Jifa kake yi! Koma bakin rafi ka jefi kwaɗi!” Aka kwashe da dariya. Shekara goma sha ɗaya ina sakar wa gundumarmu ƙwallo a kurket. An zagi uwata, an zagi kunnuwana, an kira ni jakin ramin kwal, ban taɓa waiwayawa ba. Yau na waiwaya.

Dokar ba wuya, ɗan shekara bakwai ya san ta. Hannu ya zagayo ta saman kai a miƙe, sannan a saki ƙwallo. In gwiwar hannu ta lanƙwashe ta sake miƙewa, an karya doka, kuma wanda ya yi haka macuci ne ko da ba a faɗa masa a fuska ba. Alƙalin da ke tsaye a gefe shi ke kallon hannu. In ya gani sai ya miƙa nasa hannun ya yi ihu ya soke ƙwallon, a gaban mutum dubu shida. Na san mutum biyu da aka yi wa haka. Ɗaya yana tuƙa motar madara yanzu, ɗayan ban san inda ya shiga ba.

Kalmar da ƙaton nan ya faɗa, ba zan sake rubuta ta a nan ba.

Lahadi, 5 ga Yuli, da azahar

Ba wasa. Ni da Clem muka sayi kifi da soyayyen dankali muka zauna kan katangar bakin ruwa. Clem ne mai tsaye mana a bayan sanduna ukun da mai bugu ke karewa, duk ƙwallon da na saki tun zuwana a hannunsa take ƙarewa in mai bugu ya kasa taɓa ta.

Na ce, “Ka ji abin da mutumin can ya ce jiya?”

Ya ce, “Wanne? Ni in na sa safar hannu kurma nake zama.”

“Kai dai gaya mini.”

“Haba mutumina, giya ce ke magana a bakinsa. Ci kifinka kafin tsuntsayen nan su cinye maka.”

Bai kalle ni ba. Clem da ke kallon mutum cikin ido ko da ƙarya yake shararawa, yau jirgin ruwa yake kallo.

Talata, 7 ga Yuli, da safe

Ban je asibiti ba. Ba dai zan je ba. Yaron nan Tozer da ƙwallona ya fasa wa muƙamuƙi, ba ni na ce ya sunkuya ba, kuma kowa ya ga filin ranar yana tashin ƙwallo. Sati biyu ke nan. An ce an ɗaure masa muƙamuƙi da waya, da ɗan bututu yake shan romo. Shekararsa ashirin da biyu, wasansa na huɗu ke nan wa gundumarsu.

Mai zafin ce na sakar masa. Ina da ita guda ɗaya a kowane zubi na ƙwallo shida, wani lokaci biyu. Ita ce ta raba ni da ramin kwal, ita ce ta sa mana rufi a ka. Ban san yadda nake yin ta ba, zuwa take yi.

Laraba, 8 ga Yuli, bayan an tashi wasa

Kyaftin ɗinmu, Mista Fairlie, ya aiko a kira ni. Mista Fairlie ba don albashi yake wasa ba, don haka ɗakinsa daban, da tawul ɗinsa da kujerar kishingiɗa. Na tsaya a bakin ƙofa da hula a hannu.

Ya ce, “Shigo, Garside, ba cizo nake yi ba.” Ya nuna mini takarda daga manya na Landan. An aika wa duk alƙalan wasa cewa su buɗe ido kan hannayen masu saki bana, kada su ji nauyin kowa. Ba suna a ciki. Na karanta sau biyu ina neman sunana, har da bayan takardar.

Na ce, “Yallaɓai, me ya haɗa ni da wannan?”

Ya ce, “Babu komai, babu komai. Sai dai... ka riƙa sakin hannun rigarka ka sa maɓalli. Rana ta yi zafi bana, kada ta ƙona ka.”

Shekara goma sha ɗaya ina naɗe hannun riga har kafaɗa, bai taɓa damuwa da fatata ba. Na ce to, yallaɓai. Da na fito sai da na zauna kan matakala.

Juma'a, 10 ga Yuli, ƙarfe shida da rabi

Alƙalin gefe ya bar wurinsa ya tsallaka ɗaya ɓangaren, wai rana ce ke shiga idonsa. Hadari ne a sama. Duk wanda ya san kurket ya san abin da ya je kallo. Filin ya yi tsit har ina jin ƙarar takalmina. Ban saki mai zafin ba ko sau ɗaya, aka yi ta bugu na kamar an samu banza, maki tamanin da huɗu, ban fitar da kowa ba. Alƙalin bai soke ko ɗaya ba. Da aka tashi ya gaishe ni da fara'a, abin da ya fi tsorata ni ke nan.

Lahadi, 12 ga Yuli, da la'asar

Gida. Bayan coci na sa Enid ta ɗaure mini hannu da katako biyu da bandeji, daga kafaɗa zuwa wuyan hannu. Na zana sanduna uku da alli a ƙofar ɗakin kwal, na yi ta saki a lungun bayan gida.

Ta tsaya da tsintsiya tana kallo. Can ta ce, “Wilf, wallahi ko ni zan buge wannan, da tsintsiyar nan ma.”

Na ce ta koma kicin ta ji da tukunyarta. Ban kyauta ba. Ba ta koma ba. Ta ce, “Gaya mini abin da ke faruwa. Kwana takwas ba ka gama kwanonka ba.”

Na ce gwaji ne kawai, kowa na yi. Ta kwance mini bandejin. Da ta zo kan gwiwar hannun sai ta riƙe ta da hannu biyu ta daɗe, wurin da amalanken kwal ya danne ni ina ɗan sha biyar. Babanta da babana rami ɗaya suka shiga, tari ɗaya ya kashe su. Ta san abin da nake tsoro ba sai na faɗa ba.

Litinin, 13 ga Yuli, da safe

Na tsaya gaban madubi ina juya hannu har Enid ta buga ƙofa. A madubi a miƙe yake.

Laraba, 15 ga Yuli, da rana

An ajiye ni a wasan nan. Kyaftin ya gaya wa 'yan jarida ciwon diddige nake yi. Dole na riƙa ɗingishi in zan wuce gabansu, har na manta wace ƙafar na fara da ita.

Mai kantin magani na kan kwana ya tare ni. Yana da na'urar ɗaukar hoto mai motsi, ba ya rasa wasanmu na gida. Ya ce ya ɗauke ni a watan jiya daga gefe, hoton ya fito tas, in ina so in zo gobe in ga kaina. Da zuciya ɗaya ya faɗa, ya ɗauka murna zan yi. Ban taɓa ganin kaina ina saki ba. Mutum dubu sun gani, ni kaɗai ne ban gani ba.

Na ce zan zo.

Alhamis, 16 ga Yuli, ƙarfe huɗu

Na gani.

Juma'a, 17 ga Yuli, da safe

A ɗakin bayan kanti ne, ya rufe labule ya rataya farin zanen gado. Ga wani mutum mai manyan kunnuwa yana gudu kan zanen. Na farko lafiya, na biyu lafiya, na uku lafiya. Na ce a raina, ka ga ni, duk sharri ne. Na huɗu ce mai zafin. Mai kanti ya ce, “Kai, wannan ita ce! Bari in rage gudu ka gan ta da kyau.” Ya rage. Ya mayar da ita baya, ya sake. Sau uku. A na ukun shi ma ya ga gwiwar ta lanƙwashe ta sake miƙewa.

Ya ce, “Wataƙila na'urar ce, tsohuwa ce.”

Na ce wataƙila. Na sayi maganin tari don kada in fita hannu rabbana, ba wanda ke tari a gidanmu.

Asabar, 18 ga Yuli

Har yanzu diddige.

Lahadi, 19 ga Yuli, da yamma

Na je gidan Clem na same shi yana ba tattabarunsa hatsi.

Na ce, “Tun yaushe ka sani?”

Ya ce, “Na san me?”

“Clem, kada ka mai da ni yaro.”

Ya ajiye gwangwanin. Ya ce, “Ka taɓa tambayar kanka me ya sa nake ja da baya taku biyu kafin ta zo? Tun daga kafaɗarka nake gane ta. Tun wasanka na fari.”

“Su waye kuma?”

“Su waye ba su sani ba za ka tambaya.”

Na ce to me ya sa ba wanda ya buɗe baki, shekara goma sha ɗaya, ɗaki ɗaya, jirgin ƙasa ɗaya, har shi ya tsaya mini ranar aurena. Ya ce, “Ba a gaya wa abokin wasa irin wannan, Wilf. Ba aikinmu ba ne, aikin alƙali ne. Kuma muna cin wasa da ita, mu ma muna da mata da 'ya'ya.” Na so in kife shi da mari. Maimakon haka na taya shi rufe akurkin.

Duk mutanen nan da na fitar. Na riƙa tuno fuskokinsu a hanyar gida, yadda wasu ke kallona in za su wuce. Na ɗauka haushin faɗuwa ne.

Talata, 21 ga Yuli, da rana

An liƙa sunayen alƙalan wasan Asabar. Horace Bidwell.

Baba Horace ne ya koya mini saki. Da ya bar wasa a gundumarsu, ƙauyenmu ya ɗauke shi ya koyar da matasa, a filin bayan tulin tokar rami. Shi ya gan ni ina ɗan sha bakwai, shi ya ara mini takalmi, shi ya rubuta wasiƙar da ta kawo ni nan. Yanzu shekara ashirin yana alƙalanci, kuma ko'ina a ƙasar nan an san shi da abu ɗaya, ba ya kau da kai. Mutumin motar madara, shi ya soke shi.

Ina tsoro. Na rubuta ne don in ga ko zai ragu. Bai ragu ba.

Alhamis, 23 ga Yuli, da yamma

Kyaftin ya ce diddigena ya warke, yana buƙatata ranar Asabar. Ya zana mini dabara a bayan kwalin sigari. Alƙalai biyu ne, ɗaya yana tsayawa bayan sandunan mai saki yana kallon ƙafa, ɗaya a gefe yana kallon hannu. In na riƙa saki daga ɓangaren da Baba Horace yake, ƙafata kawai zai gani. Wanda zai tsaya mini a gefe kuwa dattijo ne mai jiran fansho, bai taɓa soke ko ƙuda ba.

Ya ce, “Ka ga ni? Kowa ya tsira da mutuncinsa. Haka ake yi.”

Na ce na gode, yallaɓai. Kuma da gaske na gode, kunya ce kawai ta biyo baya.

Katin gaisuwa ya zo daga asibiti, daga wurin Tozer. Layi biyu, ya ce ba komai, wasa ne. Na sa shi cikin aljihun kwat ban nuna wa Enid ba.

Asabar, 25 ga Yuli, ƙarfe bakwai da rabi

Dabara ta ci. Mutum biyar na fitar, huɗu da mai zafin. An yi mini tafi har ƙofar ɗaki.

Mai saki alƙalin ɓangarensa yake ba hula da rigar sanyi ya riƙe masa, don haka zubi ashirin da biyu ina miƙa wa Baba Horace hulata ina karɓa. Ya tsufa, wuyansa ya yi laushi cikin farar rigar. A zubin ƙarshe yana miƙo hular bai sake ta ba, muka riƙe ta mu biyu.

Ya ce a hankali, “Yaro, ban taɓa zaton ranar da za ka ɓuya a bayana ba.”

Ya saki. Na sa hular a baibai, Clem ne ya gaya mini.

Lahadi, 26 ga Yuli, da azahar

Na gaya wa Enid duka, har zanen gadon, har katin. Tana feraye dankali ba ta tsaya ba.

Ta ce, “To me za ka yi?”

Na ce in na bi kyaftin zan iya kai ƙarshen bana, wataƙila baɗi ma.

“Kana ɗingishin ƙarya kana duba sunayen alƙalai a bango?”

“In ba haka ba rami ne, Enid.”

Ta ajiye wuƙar. Ta ce, “Rami dai ba za ka shiga ba, ko da wankau zan riƙa yi wa garin nan kaf. Wannan ka bar mini. Ɗayan kuma ni ba zan iya maka ba.”

Litinin, 27 ga Yuli, ƙarfe tara na safe

Yau ake ci gaba da wasan da aka fara ranar Asabar. Na aske gemu na yanke kaina. Zan tafi.

Litinin, 27 ga Yuli, da yamma

Bayan shayin la'asar aka dawo da abokan karawarmu bugu. Kyaftin ya cillo mini ƙwallo ya nuna ɓangaren Baba Horace. Na ce, “Yallaɓai, ɗaya ɓangaren nake so.”

Ya ce, “Ka haukace ne, Garside?”

Na ce iska ta juya. Ko ganye ba ya motsi. Ya daɗe yana kallona, sannan ya ce, “Kai ka sani.”

Na ba ɗaya dattijon hulata. Baba Horace ya taka zuwa gefe ya tsaya, hannu a baya. Na naɗe hannun rigata. Clem ya rufe fuska da safar hannu.

Biyun farko a miƙe na sake su, aka buge su har igiyar iyakar fili. Ta uku na bar ta ta zo. Sandar tsakiya ta tashi ta yi tsalle biyu, fili ya ɗauki ihu. Ni kuwa gefe nake kallo. Bakinsa a buɗe, hannunsa ya ɗaga kaɗan daga jikinsa ya tsaya. Bai soke ba. Ya sunkuyar da kai yana kallon takalminsa.

Duk tsoron da na yi sati uku bai kai wannan ba. Shekara ashirin ba a taɓa jin ya kau da kai ba, yau ya kau saboda ni, kuma duk wanda ke cikin filin nan mai ido ya gani.

Sabon mai bugu ya shigo. Kafin in koma wurin gudu na ratsa ta gefen Baba kamar ina goge ƙwallo a wando. Na ce, “Baba, wata na nan zuwa. Ka buɗe ido.”

Bai ɗago ba. Ya ce, “Wilf, kada ka sa ni.”

Na ce, “Kai ka koya mini dokar.”

Na yi guduna. Na sake ta nesa da mutumin don kada ta taɓa shi.

“Na soke!”

Muryarsa ta tsage a tsakiya, amma har masu sayar da shayi a bakin ƙofa sun ji. Hannunsa a miƙe. Ba wanda ya yi ihu, ba wanda ya yi dariya. Na ƙarasa zubin a hankali kamar mai yi wa yara wasa, na karɓi hulata, na gaya wa kyaftin ya nemi wani. Hanyar nan daga tsakiyar fili zuwa ɗaki na bi ta sau dubu, ban san tana da tsawo haka ba.

Da aka tashi na je ɗan ɗakin alƙalai. Shi kaɗai ne, yana ƙoƙarin zuba shayi yana zubarwa kan tebur. Na karɓi butar na zuba masa.

Ya ce, “Tun a bayan tulin tokar na gani. Sati na biyu da zuwanka.”

Na ce, “Me ya sa ba ka gyara ni ba?”

“Na gwada. Da na miƙar da hannun sai ka zama kamar kowa. Kamar kowa kuwa rami zai koma.” Ya kurɓi shayin. “Sai na rubuta wasiƙar, na yi ta addu'a kada a taɓa haɗa ni da kai a gefe. Shekara goma sha ɗaya ina roƙon a musanya ni in na ga sunan gundumarku. Bana suka ƙi.”

Na ce ko yana son sukari.

Ya ce, “Biyu.” Ina juya masa cokali ya kama gwiwar hannuna, ya matse ta da ƙarfi har ta yi zafi. Ya ce, “Ka yafe mini, yaro.”

Na ce, “Wanne daga ciki, Baba? Na yau ko na wancan lokacin?”

Ya ce, “Na yau ba laifi ba ne.”